Gangar da Ba Ta Jin Hausa: Tarihin Yaren da Ke Tsakanin Hannun DJ da Kwamfuta

A ƙarshen daminar bara aka yi bikin 'yar ƙanwata a wani gida da ke cikin lungunan Ƙofar Kuyambana, a tsohon birnin Zazzau. Ni aka ɗora wa nauyin rumfa da kujeru da mai kiɗa. Ranar wuni, bayan La'asar, mata sun cika tsakar gida, janareta na ruri a waje, lasifika biyu na tsaye kamar dogarai, amma kiɗa ya ƙi tashi.

Yaron da muka ɗauko ya san aikinsa. Abin da ya faru shi ne akwatin da yake aiki da shi, wanda masu sana'ar ke kira kwantirola, ya ƙone kwana biyu kafin bikin, sai ya aro na abokinsa. Ya jona shi da kwamfuta, fitilunsa suka kama, ya danna maɓalli, shiru. Ya kira abokin, aka turo masa wani ɗan fayil ta waya, ya loda. Waƙa ta tashi, amma da ya juya farantin gaba sai ta ja da baya, kuma waƙar da ya so ya saurara shi kaɗai a kunnensa sai ta fito ta lasifika kowa ya ji. Wajen minti arba'in yana gumi. Kafin ya gama, wata goggonmu ta sa an kifa ƙwarya a cikin ruwa, mata sun kama kiɗansu. Da ta zo wucewa ta gefensa sai ta tsaya ta dube shi, ta ce, "Ɗan nan, ashe gangar taka ba ta jin Hausa?"

Aka yi dariya. Ni kuwa maganar ta zauna mini, domin ta faɗi ainihin abin da ya faru. Akwatin lafiyarsa lau, kwamfutar ma haka. Abin da ya ɓace a tsakaninsu shi ne yarjejeniya kan ma'anar kowace alama. Wannan yarjejeniya tana da tarihi, kuma tarihin nata ya shafi wanda ke da iko da kayan sana'arsa, har ma da irin waƙoƙin da 'ya'yanmu za su ji a bukukuwa.

Lokacin da yarjejeniyar take cikin ƙwaƙwalwa

Zariya na daga cikin garuruwan Hausa da aka fi rubuta tarihin makaɗansu. M. G. Smith, wanda ya rubuta tarihin sarautar Zazzau, ya wallafa maƙala a 1957 kan roƙo da maroƙa da matsayinsu a cikin al'umma. Matarsa Mary Smith ta rubuta tarihin rayuwar Baba ta Karo, wanda ya fito a 1954, inda bukukuwa da kaɗe-kaɗensu suka cika shafuka. Bayansu David Ames ya zauna a Zariya a 1963 da 1964 yana ɗaukar sautin makaɗa, daga bisani shi da Anthony King suka fitar da ƙamus na kalmomin kiɗan Hausa a 1971.

Abin da waɗannan ayyuka suka nuna shi ne kiɗa a ƙasar Hausa tsararren abu ne mai ƙa'ida. Tambari da kakaki na sarauta ne, kuma duk daren Juma'a ana kiɗan sara a ƙofar fada. Kalangu na mahauta ne tun asali, dundufa ta maƙera, gangar noma ta manoma, ƙwarya ta mata. Mutum mai daraja yana da takensa, wato 'yar jimlar kiɗa da aka keɓe masa. Makaɗi zai matse tsarkiyar kalangu a hammata, ya sassauta, sautin ya hau ya sauka yana kwaikwayon karin harshe, sai ka ga wani dattijo ya miƙe ya sa hannu a aljihu domin an kira shi.

Baƙon da bai san garin ba, in yana wurin, ƙarar fata kawai zai ji. Taken bai ɗauke da suna a cikinsa. Sunan yana cikin kan makaɗi da kan mai sauraro, saboda sun riga sun yi ittifaƙi cewa wannan bugu na wane ne. Yaro yana koyon wannan ittifaƙi a bayan mahaifinsa ko ubangidansa, shekara da shekaru, kuma ba wanda zai iya ƙwace masa shi. Mu riƙe wannan, domin za mu dawo gare shi.

Daga garmaho zuwa fiyano

Raba sauti da mai yin sa ya faru a hankali. Garmaho ya shigo, sannan rediyo: an buɗe rediyon waya a Kano a 1944, gidan rediyon Kaduna kuma ya fara a 1962, ya kai muryar Mamman Shata da Ɗan Maraya Jos da Musa Ɗankwairo ƙauyukan da ba su taɓa takawa ba. Kaset, wanda kamfanin Philips ya fito da shi a 1963, shi ya sauya al'amarin biki. Mai ƙaramin ƙarfi da ba zai iya gayyato makaɗi da 'yan amshinsa ba yana iya hayar rikoda da lasifika. Mai kula da rikodar nan shi ne kakan DJ ɗin unguwa, ko da yake aikinsa bai wuce juya kaset da maido shi baya da biro ba.

Sauyi na biyu ya zo da finafinan Hausa, waɗanda ake lissafa farkonsu daga Turmin Danya na 1990. A tsakiyar shekarun 1990 ɗakunan ɗaukar sauti na Kano suka rungumi fiyanon Yamaha, kamar yadda Farfesa Abdalla Uba Adamu ya bayyana a rubuce-rubucensa, kuma zuwa fitowar Sangaya a 1999 kiɗan fiyano ya zama shi ne sautin zamani. Mutum ɗaya da na'ura ɗaya ya maye gurbin ƙungiyar makaɗa. Wannan kiɗa yana da wata siffa da ba a cika lura da ita ba: agogon na'ura ne ke riƙe da bugunsa, saboda haka saurinsa ba ya ƙaruwa ba ya raguwa daga farkon waƙa har ƙarshenta. Kuma a bayan irin waɗannan fiyano akwai 'yan ramuka masu zagaye da aka rubuta wa haruffa huɗu, MIDI. Ta wannan ƙofa yaren da muke magana a kai ya shigo kiɗan Hausa, tun kafin a ga kwantirola a Sabon Gari.

Yarjejeniyar 1983

A ƙarshen shekarun 1970 kowane kamfanin ƙera fiyanon lantarki yana da tasa hanyar haɗa na'urori, kuma ta wannan ba ta aiki da ta wancan. Wanda ya sayi kayan kamfani ɗaya ya ɗaure kansa da shi. A 1981 Dave Smith, mai kamfanin Sequential Circuits a Amurka, ya gabatar da shawarar a samar da yare guda. Ikutaro Kakehashi, wanda ya kafa kamfanin Roland a Japan, yana da irin wannan tunani, kuma Yamaha da Korg da Kawai suka shigo. A watan Janairun 1983, a wani baje kolin kayan kiɗa a Kalifoniya, aka jona fiyanon Prophet-600 na Smith da Jupiter-6 na Roland da waya ɗaya. Aka danna wannan, wancan ya amsa. A 2013 aka ba mutanen biyu lambar Grammy saboda wannan aiki.

Abu biyu ne suka sa MIDI ya rayu sama da shekara arba'in. Na farko, ba a sayar da shi ba. Kowane kamfani na iya amfani da shi ba tare da biyan kowa ba. Na biyu, sauƙinsa. MIDI ba ya ɗaukar sauti ko kaɗan. Saƙo kawai yake aikawa, kuma galibin saƙonninsa guntaye uku ne: wane irin abu ne ya faru kuma a wace tasha daga cikin tashoshi 16, wane maɓalli ne, sannan da wane ƙarfi, daga 0 zuwa 127. In ka danna, saƙo ya tafi. In ka ɗaga yatsa, wani ya bi bayansa.

Sai dai waɗanda suka tsara yaren masu fiyano suke tunani. Sun amince cewa lamba 60 ita ce muryar tsakiyar fiyano, lamba 64 a jerin saƙonnin sarrafawa ita ce takalmin da ake takawa don sauti ya daɗe. Ba su ware lambar "fara waƙar hagu" ko "ja waƙa baya kaɗan" ba, domin a 1983 DJ faifai yake juyawa da hannunsa, ba shi da hulɗa da kwamfuta. Wannan gurbi da aka bari shi ne asalin wahalar da yaron nan ya sha a Ƙofar Kuyambana.

Yadda DJ ya koma cikin kwamfuta

Sana'ar haɗa waƙa da waƙa ba tare da yankewa ba ta girma ne a birnin New York. A ƙarshen shekarun 1960 Francis Grasso ya shahara da sauraron faifai na biyu a kunnensa yana daidaita bugunsa da na wanda ke tashi, kafin ya sake shi ga jama'a. A 1972 aka fito da injin faifai na Technics SL-1200, a watan Agustan 1973 kuma Kool Herc, ɗan asalin Jamaika, ya yi shagalin nan na unguwar Bronx da ake ɗauka a matsayin mafarin hip-hop. Faranti biyu, na'urar gauraya sauti a tsakiya, abin sauraro a kunne: wannan fasali shi ne har yau ake kwaikwayo a fuskar kowace kwantirola.

Kamfanin Pioneer ya mayar da fasalin kan faifan CD, da CDJ-500 a 1994 da CDJ-1000 a 2001. Da waƙoƙi suka koma fayilolin MP3, sai manhajoji suka biyo baya ɗaya bayan ɗaya. Traktor ya fito daga kamfanin Native Instruments na Balin a 2000. Mixxx, wanda kyauta ne kuma kowa na iya duba cikinsa ya gyara, ya fara a 2001. VirtualDJ na kamfanin Atomix ya fito a 2003. Serato na birnin Auckland a New Zealand ya fito da Scratch Live a 2004. Pioneer ya fito da rekordbox a 2009, da farko don shirya waƙoƙi kawai, sai a 2015 ya zama cikakkiyar manhajar gauraya kiɗa.

Amma kiɗa da linzamin kwamfuta kamar tuƙin tuwo ne da tsinke. Hannu yana son abin kamawa. Kamfanin Hercules ya fito da wani ɗan akwati mai faranti biyu a 2003, sai Vestax na Japan ya fito da VCI-100, akwatin ƙarfe da ya sa ƙwararru suka fara ɗaukar kwantirola da muhimmanci. Masu ƙera waɗannan akwatuna sun buƙaci yaren da za su yi magana da kwamfuta, suka tarar da MIDI a ajiye, kyauta, kuma tun 1999 an tsara yadda zai bi ta wayar USB. Suka ɗauka. Kowane kamfani ya raba lambobin yadda ya ga dama.

Abin da ke cikin taswira

Kwantirola ba ta da waƙa ko ɗaya a cikinta, ba ta gauraya komai. Maɓallai ne da abubuwan murɗawa da 'yan sandunan ja, kowanne da lambarsa. In DJ ya danna maɓallin farawa na hagu, akwatin zai ce wa kwamfuta, alal misali, "tasha ta 1, lamba 11, ƙarfi 127." Iyakar abin da ya sani ke nan. Ita manhaja sai ta duba wani jadawali ta ga me lamba 11 ke nufi. Wannan jadawali shi ake kira taswira. In babu ita, an buga take ne a garin da ba wanda ya san mai shi. In kuma taswirar wani akwati ce daban, an buga taken Sarkin Pawa, Sarkin Maƙera ya miƙe.

Maɓallin dannawa shi ne mai sauƙi. Yawancin manhajoji suna da yanayin koyo: ka zaɓi aikin da kake so a fuskar kwamfuta, ka taɓa maɓallin, ta haddace. Wuyar tana wurare huɗu.

Na farko, faranti. Shi ba shi da farko ba shi da ƙarshe, saboda haka ba ya faɗin inda yake, sai dai ya ce na matsa gaba kaza ko baya kaza. Wasu kamfanoni sun ɗauki 64 a matsayin tsakiya, 65 gaba, 63 baya. Wasu kuma sun ce 1 gaba, 127 baya. Manhajar da ke jiran tsari na biyu, in aka aiko mata da na farko, za ta karanta 65 a matsayin babban tsalle zuwa baya. Abin da ya sa waƙar bikinmu ta riƙa gudu da baya ke nan. Ƙari a kan haka, faranti yana aiko da saƙo daban in an taɓa samansa, daban in an tura gefensa, kuma dole taswira ta bambance su.

Na biyu, sandar saurin waƙa. Matakai 128 sun yi kaɗan ga wanda ke son daidaita bugu biyu daidai wa daida. Don haka ake haɗa saƙo biyu su zama ɗaya, a sami matakai 16,384. Taswirar da ta karanta rabin saƙon kawai za ta sa sauri ya riƙa tsalle maimakon ya zame a hankali.

Na uku, fitilu. Mutane da yawa sun ɗauka akwatin ne ke kunna fitilar maɓalli. Galibi manhaja ce ke maido da saƙo ta ce kunna. Taswira hanya biyu ce, ta zuwa da ta dawowa, kuma wanda ya rubuta ta zuwa kaɗai zai yi aiki cikin duhu, bai san wane faranti ke tafiya ba sai ya kalli kwamfuta.

Na huɗu ba ya cikin MIDI ma sam, amma shi ya fi kunyata DJ a bainar jama'a. A cikin yawancin kwantirola akwai katin sauti mai hanyoyi huɗu: biyu na lasifika, biyu na kunne. Dole a gaya wa manhaja cewa 1 da 2 na jama'a ne, 3 da 4 na DJ. In aka juya su, sirrinsa ya fita fili. A kwamfuta mai Windows sau da yawa ana buƙatar direban ASIO, tsarin da kamfanin Steinberg ya fito da shi a 1997 don rage jinkiri. Lissafin a bayyane yake: in manhaja tana tara gutsuren sauti 256 kafin ta fitar, kuma ana buga 44,100 a daƙiƙa, jinkirin bai kai kashi 6 cikin dubu na daƙiƙa ba, hannu ba zai ji ba. In aka ninka shi sau huɗu don tsohuwar kwamfuta ta daina shaƙewa, yatsa zai riga sauti isa.

Ƙofofi a buɗe, ƙofofi a rufe

Da yare ɗaya ne, da an ce taswira ɗaya za ta yi wa kowa. Ba haka abin yake ba. Traktor yana ajiye tasa a fayil mai ƙarshen tsi. VirtualDJ yana da fayil na bayanin akwati da wani na umarni, da ɗan yarensa na rubuta umarnin. Mixxx yana haɗa XML da JavaScript. Ba wadda ke karanta ta ɗan'uwanta. Wasu akwatunan ma sun bar MIDI sun koma wani tsari mai suna HID, wanda ya fi saurin kai saƙon faranti, amma kowane kamfani da yadda yake jera nasa.

Bambancin ya wuce na fasaha, ya shiga ciniki. Tun daga Serato ITCH na 2008, wanda ya fito tare da Vestax VCI-300, kamfanin Serato ya zaɓi ya yi aiki da akwatunan da ya amince da su kaɗai. Amfanin haka a fili yake: ka jona, ya kama, ba ruwanka da taswira. Farashinsa shi ne akwatin da ba ya cikin jerin ba zai buɗe manhajar ba, duk iya rubutunka. Traktor da VirtualDJ da Mixxx sun bar ƙofar taswira a buɗe, ko da yake VirtualDJ yana neman lasisi ga mai son amfani da kwantirola sosai. Pioneer kuwa ya daɗe yana ƙera akwatuna iri biyu, wasu don Serato, wasu don rekordbox ɗinsa, kamar DDJ-400 na 2018, kafin ya fito da DDJ-FLX4 a 2022 mai aiki da duka biyun.

A watan Yulin 2023 kamfanin AlphaTheta, mai alamar Pioneer DJ da rekordbox, ya sanar da cewa zai sayi Serato. Hukumar kula da gasar kasuwanci ta New Zealand ta ƙi amincewa a watan Yulin 2024, bisa hujjar cewa haɗewar za ta rage gasa, ta Birtaniya ma ta nuna damuwa, cinikin ya rushe. Shawarar da aka yanke a can nesa ta shafi yaron da ke sayen kwantirola ta hannu a Sabon Gari, domin ita ce ta hana manyan manhajojin nan biyu komawa hannu ɗaya.

Shi wannan yaro ba ya zaɓar kaya daga kundin talla. Abin da ya shigo kasuwa na gwanjo shi yake saye, sau da yawa ba kwali ba takardar lasisi, wani lokaci ma kamfanin da ya ƙera ya mutu, kamar Vestax da ya rufe a 2014. Akwatin yana da sauran shekaru goma a jikinsa, amma ko zai yi aiki ya dogara da ko wani ya rubuta masa taswira. Akwai kuma dukiyar da ba a gani: alamomin da DJ ya sa a cikin dubban waƙoƙi, nan ne amshi ke farawa, nan ne za a shigo da amarya, nan ne liƙi ke zafi. Kowace manhaja da inda take ajiye waɗannan alamomi da yadda take rubuta su. Wanda ya sauya manhaja ba tare da shiri ba zai tarar da waƙoƙinsa, amma aikin shekarunsa ya zube. Makaɗin da ya bar wani ubangida ya koma wurin wani yana tafiya da takensa a ka. DJ yana iya barin nasa a gidan da ya baro.

Abin da taswira ba ta gyarawa

A ce an daidaita komai, maɓallai suna amsawa, fitilu suna kamawa. Saura wata yarjejeniya da ta fi waccan zurfi, wadda ke tsakanin manhaja da ita kanta waƙar.

Duk waƙar da aka loda, manhaja tana auna saurinta, ta ce bugu kaza ne a minti, sannan ta shimfiɗa mata raga ta layuka masu tazara ɗaya, tana ƙirga huɗu-huɗu. Maɓallin da ke daidaita waƙa biyu da kansa, da na maimaita gaɓa, duk a kan ragar nan suke tafiya. An gina wannan tsari ne don kiɗan da injin ya buga. Waƙoƙin fiyano na Kannywood da na mawaƙan zamani suna hawa ragar kamar don su aka saƙa ta.

Yanzu loda Shata. Kalangansa mutane ne ke bugawa, suna bin numfashin mawaƙi. In ya ja baiti sai su jira shi, in wuri ya yi zafi sai su ƙara wuta. Yawancin kiɗan gargajiya kuma yana kasa bugunsa uku-uku, wani hannu na bin biyu wani na bin uku a lokaci guda. Manhaja za ta ba da wata lamba, ta shimfiɗa raga, kafin minti ɗaya raga ta rabu da kiɗa. Haka amadar Barmani Coge, haka kuntigin Ɗan Maraya. Wasu manhajojin suna ba da damar lanƙwasa ragar da hannu, layi bayan layi, amma aiki ne na haƙuri, kuma tsofaffin waƙoƙin dogaye ne, an kwafo su daga kaset mai amo.

Sakamakon ba ya buƙatar wani ya hana komai. DJ mai gaggawa zai zaɓi abin da ke hawa raga cikin sauƙi. Tsohuwar waƙa sai ta zama abin da ake sakawa minti biyu don faranta wa iyaye, a yanke ta da ƙarfi, a koma na zamani. Ana yawan muhawara kan kiɗan DJ a garuruwanmu, malamai da hukumomin Hisba da masu unguwanni sun sha yin magana kan cakuɗuwar maza da mata da ƙarar dare, kuma muhawarar tana da tushe tun zamanin da Shehu Usmanu ya yi suka kan shagala da kaɗe-kaɗe. Amma wannan zaɓe na shiru da na'ura ke yi, na wace waƙa za ta rayu a kunnen yara, ba a cika tattauna shi ba. Jami'ar Ahmadu Bello, a nan Zariya, ta ba Shata digirin girmamawa a 1988. A garin da aka karrama shi, waƙarsa tana iya fita daga biki saboda ba ta jin ƙirgen huɗu.

Komawa Ƙofar Kuyambana

Maganin ba ya hannun kamfanonin Balin ko Auckland, domin ba su san da mu ba. Yana hannun wanda zai zauna ya buɗe taswira ya karanta. Mixxx kyauta ne, yawancin taswirorinsa masu amfani da shi ne suka rubuta suka bayar, kuma ɗalibin kimiyyar kwamfuta a Samaru da ya iya JavaScript zai iya farfaɗo da akwatin da kamfaninsa ya manta da shi cikin 'yan kwanaki. Wanda ya gyara ragar waƙa ɗaya ta Shata ya raba wa abokan sana'a, ya yi irin aikin da Ames ya yi da rikodarsa, sai dai nasa zai ƙare a filin rawa maimakon ɗakin karatu. Shi kuma DJ, abin da ya fi kare masa mutunci shi ne ya ajiye kwafin taswirarsa da na alamominsa a filas, ya gwada akwatin aro tun da dare a gida, ya kuma koyi daidaita bugu da kunne kamar yadda Grasso ya yi, domin kunne ba ya neman lasisi.

Yaron namu ya gano matsalarsa dab da Magariba. Ya sauya yadda manhaja ke karanta faranti, ya mayar da lasifika kan 1 da 2. Da ya ɗaga kai, mata sun yi nisa da ƙwarya, amarya na tsakiya ana yi mata liƙi. Ya sa abin sauraro a kunne ɗaya, ya bar ɗayan a buɗe, ya daɗe yana bin bugun ƙwaryar da yatsa a gefen tebur yana jan sandar sauri kaɗan-kaɗan. Sannan ya shigo da waƙarsa a ƙarƙashin kiɗan nasu, a hankali, har suka haɗu. Goggo ta waiwayo ta ce, "To, yanzu ta fara ji."